Tarihin Ƙaramin Jirgin Ƙasa na Wushishi da Bukuru, 1901–1957

Mafi yawan mutane, in an tambaye su jirgin ƙasan da ya fara aiki a ƙasar Arewa, sai su ce na Baro ne, wanda ya isa Kano a 1911. Amma akwai wanda ya riga shi da shekara goma. Wani ɗan ƙaramin jirgi ne da aka shimfiɗa wa dogo a bakin kogin Kaduna, kudu maso yamma da ƙasar Birnin Gwari. Ya yi aiki kamar shekara goma a can, aka tumɓuke shi, aka kai shi Zariya, ya sake rayuwa ta biyu ta shekara arba'in da 'yan kai yana hawa duwatsun Jos, kana aka sake tumɓuke shi. Labarinsa ya kamata masu riƙe da jama'a su san shi, domin ta hannun sarakuna da hakimai da dagatai aka samo mutanen da suka yi aikin dogo a ƙasar nan.

HANYA KAFIN DOGO

Kafin zuwan Turawa, babbar hanyar fatake daga Kano zuwa Nufe da bakin Kwara ta Zariya ta ke bi, ta ratsa Fatika, ta faɗa Birnin Gwari, sa'an nan ta yi yamma da kudu. Ayari ya kan taso da kanwa da tufafi da fatu, ya komo da goro da kayan kudu. Kowane zango da kasuwarsa, kowane sarki da abin da ya ke karɓa ga madugu, mata kuwa na sayar wa matafiya fura da tuwo. Ta wannan hanya Bature Kilafaton ya bi a 1826, ya sauka Birnin Gwari a kan hanyarsa ta zuwa Kano da Sakkwato.

Amma fa hanyar ƙafa ce. Ɗan alaro ba ya ɗaukar abin da ya fi laba 60, ba ya kuwa wuce mil 15 ko kusa da haka a yini. Jaki da takarkari sun fi shi ɗauka, sai dai in an gangara kudu tsando ya kan kashe su. Da damina rafuka su kawo, ayari ya yi kwana da kwanaki yana jiran ruwa ya janye. A ƙarshen zamanin kuma hare-haren Sarkin Sudan na Kwantagora, Ibrahim ɗan Umaru Nagwamatse, suka watsa garuruwan Gwari da yawa, hanya ta yi wuyar bi.

DALILIN GINA JIRGIN WUSHISHI

Ran 1 ga Janairu 1900 Gwamna Lugga ya kafa tutar Ingila a Lakwaja, ya karɓi mulki daga hannun Kamfanin Neja. Da fari a Jabba ya zauna. Amma Jabba tana gefe, ta yi nisa da manyan sarakunan da ya ke nufin kaiwa gare su, watau Zazzau da Kano da Sakkwato. Da aka ci Kwantagora da Bida a farkon 1901, sai ya zaɓi wani wuri a bakin kogin Kaduna, gaba da Wushishi, wanda mutanen wurin ke kira Dungurum, Turawa suka mai da shi Zungeru.

To, ga wuri an samu, saura yadda kaya za su isa. Duk abin da Gwamnati ke bukata, daga katako da kwanon rufi da siminti har harsashi da abincin soja, ta ruwa ya ke zuwa. Jirage su hau Kwara su wuce Lakwaja, su kai Muregi inda Kaduna ta faɗa Kwara, sa'an nan su karkata su bi Kaduna. Kogin nan kuwa ba ya ɗaukar jirgin tururi sai ya cika, 'yan watanni kaɗan cikin shekara. Ko ya cika ɗin ma, duwatsu sun tare shi kafin Zungeru. Saboda haka Lugga ya umurci shugaban ma'aikatar ayyuka, Mista Eaglesome, ya haɗa mashayar Wushishi da sabon gari da dogo.

Kuɗi ba su da yawa a hannun Gwamnatin Arewa a lokacin, da gudummawar baitulmalin Ingila ta ke tafiya. Don haka aka zaɓi dogo mafi araha, wanda faɗin tsakanin ƙarafansa ƙafa 2 ne da inci 6 kacal, alhali na Ikko zuwa Badun, da aka buɗe a shekarar nan ta 1901, ƙafa 3 ne da inci 6. Kawunan jirgin a kamfanin Hunslet na garin Leeds ta Ingila aka ƙera su, aka kawo su ta ruwa. A ƙarshen 1901 aka gama mil 12 daga Wushishi zuwa Zungeru. Ba a daɗe ba aka ga ashe kogin ma bai cika yarda da jirage su kai Wushishi ba, sai a 1902 aka ƙara mil 10 zuwa Barijuko, can gangare inda ruwa ya fi zurfi. Tsawon dogon duka ya zama mil 22. A shekarar nan Gwamnati ta taso daga Jabba ta tare a Zungeru.

Ɗan gajeren dogon nan ya ɗauki abin da ya fi girmansa. Shi ya jawo kayan da aka gina ofisoshi da bariki da gidan Gwamna. A shekarun da rundunar Turawa ta ci Kano a watan Fabrairu na 1903, ta ci Sakkwato a watan Maris, da kuma sa'ad da aka tura soja Satiru a 1906, Zungeru ce uwar sansani, shi kuwa ƙaramin jirgi shi ne ƙofar da kayanta ke shigowa. Amma iyakar aikinsa ke nan. Bai ratsa wata babbar kasuwa ba, bai bi hanyar fatake ba, manomi bai san shi da ɗaukar hatsinsa ba. Jirgin Gwamna ne, kayan Gwamna ya ke ɗauka.

BABBAN DOGO

Lugga ya so a yi irin wannan ƙaramin dogo tun daga Baro, a bakin Kwara, har Kano. Gwamnatin Ikko kuwa so ta ke nata dogon ya miƙo arewa, cinikin Kano ya faɗa tashar ruwanta. Ana cikin wannan ja-in-ja Lugga ya bar ƙasar a 1906. Wanda ya gaje shi a 1907, Sir Percy Girouard, mutumin Kanada ne, injiniyan soja, wanda ya yi suna wajen shimfiɗa dogo cikin hamadar Sudan. Shi ya raba gardama. Ya yarda a taso daga Baro, amma ya ce a yi shi da faɗi ɗaya da na Ikko, don ran da suka sadu jirgi ya wuce ba sai an sauke kaya ba. Ya kuma ce ma'aikatar ayyuka ta yi aikin da kanta, a kan ƙiyasin fam 3,000 kowane mil, aka danƙa wa Eaglesome.

Dogo ya taso daga Baro, ya bi ta ƙasar Bida ya kai Minna, ya ratsa ƙasar Gwari ta Gwada da Sarkin Pawa da Gwagwada, ya haye Kaduna, ya bi Rigacikun da Zariya, ya isa Kano a watan Maris na 1911, mil 356. Dogon Ikko kuma, da ya iso Jabba a 1909, ya haye Kwara ya biyo ta Zungeru ya sadu da na Baro a Minna. Tun da jirgin Ikko ya tsaya a ƙofar Zungeru, wa zai sake jiran cikar Kaduna a Barijuko? Sai aka dakatar da ƙaramin jirgi, aka ciccire ƙarafansa. Bayan 'yan shekaru, a 1917, ita kanta Gwamnati ta bar Zungeru ta koma Kaduna.

Babban dogo ya bar Birnin Gwari da dajinta a hannun yamma, bai taɓa su ba. Goro da gishiri da yadi suka koma bin jirgi, ayarori suka ragu, zanguna da yawa suka mutu. Mutanen dajin sai suka zama suna jin labarin tasha daga nesa, in za su kai kaya sai sun yi tattaki.

AIKIN DIGA

Arahar da aka yi wa dogon Baro, talakawa ne suka biya ta da jikinsu. Babu injin haƙa, babu motar kwasar ƙasa, sai diga da shebur da kwando. Yadda a ke samun mutane kuwa shi ne Razdan ya gaya wa sarki yawan da a ke so, sarki ya raba wa hakimai, hakimi ya raba wa dagatai, dagaci ya shiga gida gida. Ƙungiya ta je ta yi 'yan makonni a bakin aiki ƙarƙashin wakilin hakiminta, ta komo, wata ta maye gurbinta. Ana biyan lada da kuɗin Turawa, kuma ta nan sule da kwabo suka bazu cikin ƙauyuka, wuri ya fara ja da baya, haraji ya koma na tsabar kuɗi. Amma biyan lada bai mai da shi aikin ganin dama ba. Wanda aka ɗiba da damina gonarsa ta kan lalace, kuma garuruwan da ke kusa da aiki an ɗora musu kawo hatsin ciyar da 'yan diga. Nufawa da Gwarawa su suka fi ɗaukar nauyin nan, sa'an nan Zazzagawa da Kanawa. A 1909 mutanen Gusoro ta ƙasar Kuta suka yi bore, suka kashe wani Baturen mulki, aka tura musu soja. Sarkin Zazzau Aliyu ɗan Sidi, wanda ya yi sarauta daga 1903 zuwa 1920, ya ga aikin nan da idonsa a ƙasarsa, har ya tsara waƙa a kansa, ita ce Waƙar Diga.

KUZA DA RAYUWA TA BIYU

Tun kafin Turawa, Hausawan Liruwen Kano da Liruwen Dalma suna wanke kuza a rafuka, su narka ta, su zuba ta sirara kamar tsinke, fatake su kai ta kasuwanni har bakin Binuwai. A can ma'aikatan Kamfanin Neja suka gan ta, suka bi sawunta. A 1902 kamfanin ya aiko masu bincike, daga baya Kanar Laws ya kafa sansani a Naraguta. Wajen 1910 labarin kuzar Arewa ya cika kasuwar hannun jari ta Landan, kamfanoni suka yi ta ɓullowa kamar naman kaza, kowa na neman fili a kan dutse. Sana'ar maƙeran Liruwe kuwa ba ta daɗe ba bayan haka ta mutu.

Matsalarsu ɗaya ce, hanya. Kuza abu ne mai nauyi, injunan haƙarta sun fi ta nauyi. A kan mutane a ke kai buhunanta Loko, bakin Binuwai, tafiyar kamar mil 200. Da babban dogo ya iso Rigacikun sai aka karkata can, amma har wa yau kan mutum ne da jaki. Kamfanoni suka matsa wa Gwamnati lamba a Landan a yi musu dogo. Gwamnati ta duba, ta ga ga ƙarafa da kawunan jirgi na Wushishi a ajiye. Da babu gara ba daɗi. A 1911 aka fara aiki daga Zariya da faɗin nan na ƙafa 2 da inci 6, aka haɗa tsofaffin kaya da sababbi. Mutanen aiki kuma ta hannun hakiman Zazzau aka samo su, kamar yadda aka saba.

Dogo ya fita Zariya ya yi kudu maso gabas, ya bi Soba da Dutsen Wai da Kudaru, ya kai Rahama a 1912. Daga nan ya wuce Jengre, inda ƙasa ta fara tashi, ya riƙa lanƙwasa yana zaga duwatsu, har ya hau tudun da ya kai ƙafa 4,000 bisa teku. A 1914, shekarar da aka haɗe Kudu da Arewa, aka kuma fara yaƙin Jamus, ya ratsa Jos ya tsaya Bukuru, mil 143 daga Zariya. Turawa suka sa masa suna ƙaramin jirgin Bauci, domin a lokacin ƙasar Jos cikin lardin Bauci ta ke, ba a yanke lardin Filato ba sai 1926. Amma ko sau ɗaya bai taɓa ganin ganuwar Bauci ba.

Shekara goma sha uku yana cin kasuwarsa shi kaɗai. Ya gangaro da kuza, ya hau da injuna da kayan kanti da hatsin ciyar da leburori. Jos da Bukuru, da ba su fi sansanin 'yan haƙa ba, suka zama garuruwa, Hausawa da Yarabawa da Inyamurai suka cika su. Tafiyarsa dai a hankali ce, mai barin Zariya da safe ba ya ganin Jos sai rana ta yi nisa ƙwarai, amma wanda ya san tafiyar kwanaki a ƙafa ba ya raina wannan. Sannu ba ta hana zuwa.

Sai dai araha ba ta ado. Wagununsa ƙanana ne, kan jirginsa ba shi da ƙarfin jan kaya masu yawa a hawan Jengre, babban injin da ya fi faɗin wagunu kuwa sai an kwance shi gunduwa gunduwa. Abin da ya fi wannan muni shi ne abin da Girouard ya guje wa tun 1907: da ya ke faɗinsa bai yi daidai da na babban dogo ba, kowane buhu sai an sauke shi a tashar Zariya an sake loda shi, zuwa da komowa.

YADDA YA MUTU

A 1909 aka gano kwal a Udi, aka gina dogo daga Fatakwal ya kai Inugu a 1916. Bayan yaƙi aka miƙo shi arewa ta Makurɗi da Kafancan ya sadu da na Ikko a Kaduna, aka kuma fitar da reshe daga Kafancan ya hau dutse ta kudu, ya isa Bukuru da Jos a 1927. Daga Jos zuwa Ikko ta Zariya ya fi mil 700, da sauke kaya a tsakani. Daga Jos zuwa Fatakwal kuwa mil 500 ne da 'yan kai, cikin manyan wagunu, ga kuma kwal na Inugu yana zuwa wa injunan kuza kai tsaye. Kamfanonin da suka yi kukan a gina musu ƙaramin jirgi su suka fara juya masa baya. Aka mai da mil 10 na tsakanin Jos da Bukuru babban dogo, ƙaramin ya tsaya a Jos.

Ya yi shekara talatin bayan haka yana lallaɓawa da abin da ya samu a hanya: fasinja, da dawa da gero na ƙasar Lere da Kudaru zuwa sansanonin kuza, da auduga da gyaɗa zuwa Zariya. A yaƙin Hitila, da Japan ta ƙwace Malaya a 1942, Ingila ta rasa babbar mahaƙarta, sai ta waiwayo Jos. Daga 1942 zuwa 1944 aka ɗebo dubun dubatar mutane daga lardunan Arewa, har da na Zariya, ta hannun En'e, aka kai su aikin kuza na tilas. Kuzar da aka fitar a 1943 ta haura ton 17,000, amma sanyin dutse da ƙarancin abinci da cuta sun kashe mutane da yawa. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Bayan yaƙi manyan motoci suka yawaita. Titin Zariya zuwa Jos, ta Pambeguwa da Saminaka, yana tafiya kusan kafaɗa da kafaɗa da dogo, mota kuwa ta fi shi sauri, tana tsayawa inda mai kaya ya ke so. Kawunan jirgi suka tsufa, kuɗin gyara ya fi abin da a ke samu. Hukumar jiragen ƙasa da aka kafa a 1955 ta duba lissafi, ta ga ba riba. Ran 30 ga Satumba 1957 aka rufe shi, aka bi ƙarafa aka kwashe. A shekara mai zuwa, 1958, aka fara babban dogon Barno daga Kuru, kudu da Bukuru, da rancen Bankin Duniya. Shi ne ya shiga Bauci a 1961, ya kai Maiduguri a 1964.

ABIN DA YA BARI

An ajiye kan jirgin Wushishi na farko a Minna don tarihi, an kuma kai waɗansu kawuna da taragai na ƙaramin jirgin Bauci gidan tarihi na Jos. Garuruwan da ya tsaya a cikinsu, irin su Soba da Dutsen Wai da Jengre, ba su mutu da mutuwarsa ba, domin titin mota ya riƙe kasuwanninsu. Ita ma Birnin Gwari titin mota ne ya komo mata da matafiya, har mazaunin sarauta ya bar tsohon birni ya koma bakin hanya.

In mai karatu ya gwada ƙaramin jirgi da babban dogon Kano, zai ga inda suka rabu. Shi ma na Kano don auduga aka yi ta begensa, masu masaƙun Ingila su suka fi matsa a gina shi. Amma da ya isa, sai manoma da 'yan kasuwar Kano suka ga gyaɗa ta fi musu riba, tun daga 1912 suka cika tasha da ita har wagunu suka kasa. Dogo ya sami kayan da ba a yi shi dominsu ba, saboda ya faɗa tsakiyar jama'a masu noma da ciniki. Ƙaramin jirgi kuwa sau biyu ana gina shi don ubangida ɗaya, da fari Gwamna, daga baya kamfanonin kuza, sau biyun kuma da ubangidan ya sami hanyar da ta fi, sai ya bar shi.

Duk wanda aka ba amanar jama'a, aka ce ya fito da mutane ko kuɗin haraji don wani babban aiki, ya kamata ya tambaya tun da fari: kayan wa aikin nan zai ɗauka, in kuma mai kayan ya tashi, me zai rage wa mutanen da suka yi gumi? Dagatan zamanin diga ba a ba su damar yin wannan tambaya ba, umurni kawai a ke kawo musu da yawan mutanen da a ke so. Sunayen injiniyoyi da gwamnoni suna nan a rubuce cikin takardun Gwamnati. Nufawa da Gwarawa da Zazzagawan da suka ɗauki kwando kuwa, da lissafi aka rubuta su, ƙungiya kaza daga gundumar hakimi kaza. Allah ya jiƙansu.

Iyakar labarin ƙaramin jirgi ke nan.